Panellets ɗina suna bajewa a oben: ina matsalar take, kuma dole ne sai da dankali?

Tambayar ta fito daga wata baiwar Allah a Kaduna. Ta ce ta ɗanɗana wata alewar almon da ake kira panellets lokacin da ta je ganin yayarta a Basalona, ta dawo gida ta gwada har sau biyu. A karon farko suka baje a kan tire kamar an zuba kunu, a karo na biyu suka fito da tauri, ƙwayoyin da ta manna musu kuma duk suka zube. Tana son sanin inda ta kuskure, ko dole ne a sa dankali kamar yadda ta ga wasu na yi, sannan ko gyaɗa za ta iya maye gurbin almon tunda ya yi tsada.

Ƙanwata, sannu da ƙoƙari. Abin da ya same ki ya samu kusan duk wanda ya fara wannan aiki, har da ni a kakar farko da na yi a wani shagon kayan zaƙi a Kataloniya, yankin Sifaniya da Basalona take cikinsa. Kuskuren naki biyu tushensu ɗaya ne: kin ɗauki panellets kamar kek ko biskit, abin da ake sa wa a wuta ya nuna har ciki. Ba haka yake ba. Kwaɓin panellets a shirye yake tun kafin ya ga wuta. Aikin oben kawai ya ba bayansa launi da ɗan ƙarfi, ya bar cikin da taushinsa da danshinsa. Idan kika riƙe wannan, duk sauran abin da zan faɗa zai zauna miki daram.

Kwaɓin da kansa mutanen can suna kiransa massapà, wato niƙaƙƙen ɗanyen almon da sukari da ɗan abin da zai haɗa su. Almon ɗin da nake nufi shi ne wanda alhazanmu suka fi sani da lauz, ba ƙwallon 'ya'yan bishiyar nan mai faffaɗan ganye da ake shukawa don inuwa a makarantu da asibitoci ba, duk da wasu suna kiran su da suna ɗaya. A Kataloniya abin kaka ne. Ana cin sa ranar 1 ga Nuwamba, ranar da Kiristocin can ke kira Tots Sants, da kuma daren da ya gabace ta, daren Castanyada, inda iyali ke taruwa a kan gasasshen castanya, wata ƙwayar bishiya mai ɓawo ruwan ƙasa, da gasasshen dankalin Hausa. Ana ba da labarin cewa masu kaɗa ƙararrawar coci a wannan dare, saboda tunawa da mamata, su ne ake kai wa irin wannan abinci mai riƙe ciki don su kai asuba. Su a al'adarsu da giya mai zaƙi suke haɗawa. Kwaɓin asali babu giya a cikinsa, shayi marar sukari kuma ya ishe shi abokin tafiya. Sai dai idan a shago za ki saya a can, ki tambaya, domin wasu nau'o'in ana ɗiga musu barasa don ƙamshi.

Bari mu fara da dankalin, tunda ina kyautata zaton kin sa shi, kuma shi ne ya baje miki na farko.

Ba dole ba ne. Hasali ma, tun da Tarayyar Turai ta yi wa panellets rajista a shekarar 2002 a matsayin abincin gargajiya mai ƙa'ida, tsarin da aka rubuta ya ce kilo ɗaya na ɓararren almon, kilo ɗaya na sukari, da ƙwai guda, kuma ya hana zuba dankali ko wane iri. Wannan ƙa'idar masu sayarwa ce da ke son ɗaukar tambarin. Amma ki shiga gidajen mutane a ƙarshen Oktoba, za ki tarar da iyaye da kakanni da yawa suna dafa dankalin turawa ko na Hausa suna murjewa a ciki. Dalili biyu ne: yana ƙara auki, tunda almon ba araha gare shi ba ko a can, kuma yana sa kwaɓin ya yi laushi, ya rage kaifin zaƙin. Akwai masu ganin wannan ha'inci ne ga almon, ana ta muhawara a kai kowace shekara. Ni dai ra'ayina, ga mai yi a gida don iyalinta, dankali kaɗan alheri ne, kuma na fi son ɗanɗanon wanda aka sa masa. Wanda za a sayar ko a yi tafiya da shi kuwa, gara a bar dankalin, domin yana rage masa kwana.

Matsalar dankali ita ce ruwa. Kusan kashi huɗu cikin biyar na nauyinsa ruwa ne tun kafin ya shiga tukunya. Idan kika fere shi kika yayyanka kika dafa kamar za ki yi fate, ya ƙara shan wani ruwan. Sukari kuma duk inda ya ga danshi sai ya janyo shi ya narke. To kin haɗa jiƙaƙƙen dankali da sukari mai yawa, wataƙila ma dankalin da sauran ɗuminsa, kika ƙara ƙwai guda sukutum a kai. Abin da kika samu ba kwaɓi ba ne, ruwan sukari ne da garin almon ke iyo a ciki. Da ya ji zafi sai ya kwanta.

Ga yadda nake yi. Garin almon giram 500, sukari giram 400, dafaffen dankali giram 150, da gogaggen ɓawon lemun tsami guda ɗaya, saman ɓawon kaɗai, kada ki kai ga farin da ke ƙasa don yana da ɗaci. Ki yi amfani da sikeli, ƙanwata, ki ajiye gwangwani da kofi a gefe. Garin almon wani yana da sakwa-sakwa wani a danne yake, kofi ɗaya na wannan ba kofi ɗaya na wancan ba ne, kuma wannan aiki ba ya yafe irin wannan saɓani. Dankalin ki dafa shi da ɓawonsa, ɗungurungum, har wuƙa ta shige ba gardama. Ki tsame, ki ɓare shi da zafinsa, ki murje da cokali mai yatsu har babu gudaji, sai ki baza shi a faranti tururin ya fice, ya huce sarai. Kada ki kai shi bilenda, zai koma danƙo kamar sakwara. Idan kina da hali ki gasa shi maimakon dafawa, ya fi bushewa, musamman dankalin Hausa wanda ya fi na turawa zaƙi. Idan shi za ki sa, ki rage sukarin zuwa giram 350.

Sai ki haɗa dankalin da sukari da ɓawon lemun, ki riƙa zuba garin almon kina murzawa da hannu. Da farko za ki ga kamar ba zai haɗu ba, ya yi wara-wara kamar dambu, zuciyarki ta ce ki fasa ƙwai ko ki yayyafa ruwa. A nan ne ake yin ɓarna. Ki ci gaba da murzawa kawai. Bayan minti uku ko huɗu sukarin zai fara jan danshin dankalin, ɗumin tafin hannunki ya taso da man almon, sai ki ji ya fara kama jikinsa. Alamar ya yi ita ce ki gutsuri kaɗan ki mulmula, ya tsaya a dunƙule ba ya tsagewa, kuma tafin hannunki ya yi ɗan maiƙo ba tare da ya manne ba. Idan bayan duk wannan ya ƙi haɗuwa, sai ki sa gwaiduwar ƙwai guda, ba fiye ba. Wanda ba za a sa wa dankali ba kuwa, almon giram 500 da sukari giram 450 zuwa 500, sai ki kaɗa ƙwai guda ki riƙa zubawa kaɗan-kaɗan, ki tsaya da zarar ya haɗu ko da bai ƙare ba.

Daga nan sai abin da na tabbata kin tsallake, domin kowa shi yake tsallakewa: kwanan kwaɓi. Ki dunƙule shi, ki naɗe a leda, ki sa a firji ya kwana. Awa goma sha biyu ne mafi ƙaranci, kwana guda cur ya fi. A wannan hutun ne garin almon ke shanye danshin da ke yawo, ƙwayoyin sukari su narke su daina gurzar haƙori, ƙamshin lemun ya ratsa ko'ina. Ki taɓa kwaɓin da daddare ki sake taɓa shi da safe, za ki rantse ba shi ba ne. Na daren yana da laushi marar ƙarfi, na safen ya yi kamar yumɓun da maginiya ta gama taka wa. Wanda ya kwana yana riƙe siffarsa a wuta. Wanda bai kwana ba, ko da awonsa daidai ne, sai ya ɗan zauna. Na san halin wutar lantarki a wajenmu. Idan ba ki da tabbacin firji zai riƙe sanyi har safe, ki yi kwaɓin mai dankali ba tare da ƙwai ba, ki sa shi a kula da ƙanƙara, ko ki bari sai lokacin hunturu da dare ke da sanyi.

Kafin mu je ga wuta, kalma biyu a kan almon ɗin, domin rabin kwaɓin shi ne. A Sifaniya wanda ake yabo shi ne Marcona, gajere mai faɗi, mai zaƙi da yawan mai. Wanda za ki samu a manyan shagunanmu galibi na Kalifoniya ne ta Amurka, inda mafi yawan almon ɗin duniya ke fitowa. Ya ɗan fi bushewa, amma yana yin aikin lafiya lau. Sharaɗin dai ya zama ɗanye, ba soyayye ba, ba mai gishiri ba. Idan da jar fatarsa kika saya, ki zuba shi a tafasasshen ruwa minti ɗaya, ki tsame, ki matsa kowane ɗaya tsakanin yatsu biyu, zai sulluɓo fari tas. Sai ki baza shi a tire ya bushe ƙarau, ko da zai kwana. Wanda aka niƙa da danshi wata ƙofar ce ta shigar ruwa cikin kwaɓi. Wajen niƙa kuma ki tuna kusan rabin almon mai ne. Idan kika bar bilenda tana ta gudu, zai yi zafi ya saki mai ya koma kamar tunkuza. Ki zuba kaɗan-kaɗan tare da cokali biyu na sukarin da kika auna, ki kunna ki kashe, ki kunna ki kashe, ki tankaɗe, tsakin ya koma. Kuma ki ɗanɗana kafin ki fara. Almon da ya daɗe a shago cikin zafi yana yin wari irin na tsohon mai, sukari kuma ba ya rufe wannan.

Yanzu ƙwayoyin da suka zube miki. Sarkin panellets shi ne wanda aka lulluɓe da pinyons, ƙananan ƙwayoyin nan farare da ake fasowa daga 'ya'yan wata bishiya ta gaɓar Bahar Rum. Shi ne ya fi tsada a kowane shago, shi ne kuma ke fara ƙarewa a faranti. Na yankin dogaye ne siriri, waɗanda ake kawowa daga Sin kuma gajeru ne masu faɗin gindi, sun fi araha, ƙamshinsu bai kai ba. Ina kyautata zaton kin shafa wa dunƙulen ƙwai ne sannan kika mirgina shi a busassun ƙwayoyi. Hakan yana kama kaɗan, sauran su zube. Abin da na gani a hannun wata dattijuwa da muka yi aiki tare, kuma ban sake barinsa ba, shi ne a juya lamarin: ƙwayoyin ake jiƙawa. Ki zuba pinyons giram 200 a kwano, ki kaɗa ƙwai ki zuba kamar rabinsa, ki juya har kowace ƙwaya ta yi sheƙi amma babu ruwan ƙwai kwance a ƙasa, ki bar su minti goma su yi danƙo. Sai ki ɗebi cikin cokali a tafin hannunki na hagu, ki ɗora dunƙulen kwaɓi a tsakiya, ki ƙara wasu a sama, ki rufe da hannun dama ki matsa a hankali kina juyawa, kamar mai dunƙula fura. Matsawar ce sirrin. So ake kowace ƙwaya ta nutse rabi a cikin kwaɓin. Dattijuwar nan ba ta kallon hannunta ma, hira take, amma duk wanda ta ajiye ba ka ganin kwaɓi ko kaɗan ta tsakanin ƙwayoyin. Hannu zai yi kaca-kaca, ki ajiye kwanon ruwa kusa kina ɗauraye shi bayan kowane biyar ko shida, domin hannu mai danƙo yana ƙwace ƙwayoyin daga jikin dunƙulen.

Girman dunƙulen kada ya wuce giram 20, wato ƙasa da goro matsakaici, tunda rigar ƙwayoyi za ta ƙara masa jiki. Awon da na ba ki zai fitar da hamsin da ɗoriya. Ba duka ake yi da pinyons ba, ana raba kwaɓin ne kashi-kashi. Na almon ana mulmula shi dogo kamar ɗan yatsa a mirgina a dakakken almon. Na kwakwa ana haɗa kwaɓin da busasshiyar gogaggiyar kwakwa a tsira masa kai kamar ɗan dala, tsinin ya ɗan ƙone a wuta. Na kofi ana murza masa ƙaramin cokali na garin kofi a ba shi siffar ƙwayar kofi da tsaga a tsakiya. Akwai na koko, akwai na lemu, akwai wanda ake cusa wa alewar codony, wani ɗan itace mai kama da tuffa, a tsakiya. Duk wanda kika zuba wa busasshen abu kamar kwakwa ko koko zai ƙara tauri, ki gyara da ɗigon farin ƙwai.

Sai wuta, wadda ita ta busar miki da na biyu. Bayan na farko ya baje, na tabbata kin ji tsoro kin rage wuta kin ƙara lokaci don su nuna sosai. Wuta kaɗan na dogon lokaci tana tsotse danshin cikin, sukarin ya daskare, ki samu tsakuwa. Akasin haka ake so: wuta mai ƙarfi, lokaci kaɗan. Ki kunna oben ya kai digiri 220 tun kafin tire ya shiga, ki ba shi aƙalla minti goma sha biyar yana zafi. Ki shimfiɗa takardar gashi, ki jera su, ki shafa wa na pinyons da na almon gwaiduwa da aka sassauta da ɗigon ruwa, ki sa tiren a bene na sama. Minti takwas zuwa goma. Kada ki bar wurin, kada ki ɗauki waya. Daga minti na bakwai idonki na kan gilashi, da zarar kan ƙwayoyin ya yi ja kamar zuma ki fitar. Na kofi da na koko ba sa nuna launi, su minti shida ko bakwai ya ishe su, shi ya sa ba a haɗa su tire ɗaya da na pinyons.

Idan kika fitar za ki taɓa ki ji su luguf, ki ce ba su yi ba. Sun yi. Kada ki mayar, kada kuma ki yi ƙoƙarin ɗaga su, za su fashe a hannunki. Ki bar su a kan tiren su huce gaba ɗaya, a nan suke ƙarasa kama jikinsu.

Yawancin oben ɗin gas da ke gidajenmu daga ƙasa kaɗai wutarsa take, panellets kuma wutar sama yake so. Maganin shi ne ki haɗa tire biyu, ɗaya cikin ɗaya, don gindin kada ya ƙone kafin saman ya yi launi, idan kuma akwai wutar gashi ta sama ki kunna ta a minti biyu na ƙarshe. Mai gashi a tukunya da yashi ita ma ba a bar ta a baya ba, har ma tana da wata dama: ta bar yashin ya yi zafi sosai, ta rage wutar ƙasa, ta ɗora tiren a kan wani abu da zai ɗaga shi daga yashin, sannan ta zuba garwashi mai kyau a kan murfin. Wannan garwashin na sama shi ne zai yi aikin.

Batun gyaɗa kuwa, zan gaya miki gaskiya. Za ki iya yin abu mai daɗi da ita, amma ba panellets ba ne, kuma kada ki sa ran ɗanɗanon da kika ji a gidan yayarki. Ɗanyar gyaɗa tana da gafi, minti goma a wuta ba ya kashe shi. Soyayya kuma ƙamshinta yana danne lemun da komai, ga saurin sakin mai, sai ki ga dunƙulen yana zaune cikin tabkin mai a tire. Idan tsada ce damuwar, yazawa ta fi kusa nesa ba kusa ba: farar ƙwayar da ba a soya ba tana da laushin ɗanɗano da zaƙi irin na almon, kuma a ƙasarmu ake noma ta. Rabi almon rabi yazawa yana fitowa da kyau ƙwarai. A wajen riga ma, inda pinyons ke wuyar samu ko kuɗinsa ya fi ƙarfin aljihu, dakakkiyar yazawa tana kamawa da irin dabarar ƙwan nan, riɗi ma yana yi, sai dai shi yana saurin ƙonewa, ki rage minti biyu. Aya kada ki gwada ta a kwaɓi, duk da mutanen Balensiya, maƙwabtan Kataloniya, sun san ta sarai har suna yin kununta kamar mu. Dusarta ba ta narkewa a baki.

Wajen ajiya, mai dankali kwana uku zuwa huɗu ne a mazubi mai murfi, a yanayin zafinmu kuma firji ne wurinsa, a fito da shi rabin awa kafin ci don sanyi yana ɓoye ƙamshin almon. Marar dankali yana kai mako. Kashegarin gashi sun fi daɗi a bakina, lokacin da danshin ciki ya ɗan dawo wa bayan. Ɗanyen kwaɓin kuma yana zama a firiza wata guda ba abin da ya same shi.

A gwajinki na gaba kada ki zuba rabin kilo. Ki yi rubu'in awon: almon giram 125, sukari 100, dankali kamar 40. Idan ya kwana, ki mulmula guda ɗaya tak ki gasa shi shi kaɗai. In ya zauna ya baje, ki murza cokali ɗaya ko biyu na garin almon a sauran kwaɓin. In ya tsage ta gefe, ki ɗiga masa farin ƙwai. In ya tsaya ƙyam ya yi launi a minti tara, sai ki jera sauran. Ki rubuto mini yadda na ɗayan nan ya fito, da irin oben ɗin da kike amfani da shi.